Kabewa Mai Kama Da Taliya

A Amurka ana noman wata irin kabewa mai launin ruwan ɗorawa. In ta dahu, cikinta sai ya warware sili-sili kamar taliya. Mutanen can sukan gasa ta a tanderu kusan sa'a guda. Ni kuwa a ganina wannan ɓarnar wuta ce, tukunya ta fi.

A raba ta biyu, a kwashe 'ya'yan, a kife ta cikin ruwa kaɗan, a rufe. Minti 20 sun isa. Amma fa a kula, in ta zarce sai ta zama fate. Da an sauke, a kankare da cokali mai yatsu, a zuba mai da yaji. Ko yaro zai iya, muddin babba ya yanka masa, gama ɓawonta da tauri.