Amanda Randolph: Tauraruwar da Aka Share Sawunta

Masu sha'awar fim sun san Sidney Poitier, amma ƙalilan ne suka san Amanda Randolph, wadda suka fito tare a No Way Out a 1950. An haife ta a birnin Louisville na Amurka a 1896. Da waƙa da kiɗan piyano ta fara, sannan ta shiga finafinan Oscar Micheaux, waɗanda ake shirya wa baƙar fata a zamanin wariya.

A 1948 tashar DuMont ta sanya ta cikin jagororin wasan The Laytons, matsayin da baƙar fata ba su taɓa samu ba a shirin mako-mako na manyan tashoshin talabijin. Duk da haka, rawar 'yar aikin gida ce ta yi ta bin ta har ta rasu a 1967.

DuMont ta durƙushe a 1956, kuma har yau ba a gano ko kashi ɗaya na wasan ba. Ashe gwaninta kaɗai ba ta tsare suna, sai an adana aikin. To, mai karatu, wa ke adana faya-fayan matan da suka buɗe wannan fage a talabijin na Kaduna da Kano?