FACIN TSOHUWAR MANHAJA: INA MAFITA GA OFISOSHI DA MAKARANTU?

A ran 14 ga watan Oktoba na shekarar 2025 ne kamfanin Microsoft na Amurka ya daina aika gyare-gyaren tsaro na kyauta ga babbar manhajar nan ta Windows 10, kamar yadda ya yi wa Windows XP a watan Afrilu na 2014, da Windows 7 a watan Janairu na 2020. Wannan al'amari ya shafi har garuruwa irin su Dalijan da ke ƙaramar hukumar Gwandu a Jihar Kebbi, ko da yake a ido ba za a ga wani canji ba, domin kwamfuta za ta ci gaba da kunnuwa tana buga takarda kamar jiya.

Dalili kuwa shi ne, tun daga 2015 hukumar JAMB ta mayar da jarrabawarta gaba ɗaya ta kwamfuta, daga 2021 kuma ta wajabta lambar shaidar ɗan ƙasa wajen rajista. Saboda haka ɗalibin Dalijan mai burin shiga Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda mazauninta yake a Kalgo, dole ya miƙa sunansa da hotonsa da lambarsa ga wata na'ura. Haka nan takardun albashi da na fansho na ma'aikata. Da yawa daga cikin na'urorin da ake irin waɗannan ayyuka da su na hannu ne, sabuwar Windows 11 kuwa ba ta yarda da na'urar da ba ta da wani ɗan guntun tsaro mai suna TPM 2.0.

Kowace manhaja tana da ɓaraka wadda ake ganowa sannu a hankali. Muddin kamfani yana kula da ita, da zarar an gano sai ya aiko da faci a toshe. In ya janye hannu, ɓarakar tana nan a buɗe, ɓarayin intanet kuwa sun san wurinta. A ran 12 ga Mayu na 2017 wata muguwar manhaja mai suna WannaCry ta kulle kwamfutoci fiye da 200,000 a ƙasashe kimanin 150, tana neman fansar dala 300. A Ingila sai da asibitocin gwamnati suka soke ganin dubban marasa lafiya. Abin lura shi ne, tun watan Maris na shekarar Microsoft ya fitar da facin wannan ɓaraka, sakaci ne ya hana a ɗora shi.

To, a nan ne masu facin bayan fage suke shigowa, kuma ba duka suka taru suka zama ɗaya ba. A 2014 wasu masana sun gano dabarar da za a sa Windows XP ta yi shigar burtu, ta nuna kamar ita ce irin wadda ake sa wa injinan karɓar kuɗi na kantuna, ta haka ta riƙa samun gyara har zuwa Afrilu na 2019, duk da gargaɗin Microsoft cewa ba don ita aka yi gyaran ba. Akwai kuma kamfanin ACROS Security na ƙasar Sulobeniya, mai sayar da ƙananan faci da sunan 0patch. Wannan an san shi, an san inda za a kai kuka in abu ya ɓaci.

Kashi na uku shi ne mai hatsari, wato manhajojin da ake kwafa daga filashi zuwa filashi a shagunan gyara, waɗanda ba a san wanda ya taɓa su ba. Faci yana shiga ne har cikin zuciyar na'ura, don haka duk wanda aka karɓi facinsa an ba shi mabuɗin ofis ke nan. Araha dai ba ta ado.

Shi kansa Microsoft ya buɗe ƙofar sayen ƙarin wa'adi: dala 61 a kan kowace na'urar ma'aikata a shekarar farko, kuɗin yana ninkawa duk shekara har shekara uku, makarantu kuwa dala 1 kacal a shekarar farko. Amma wannan jinkiri ne kawai, tsugune ba ta ƙare ba.

Abin da ya kamata shi ne kowace ma'aikata da sakatariyar ƙaramar hukuma ta ƙidaya na'urorinta, ta san manhajar da ke kan kowace, ta kuma sa kuɗin sauya su cikin kasafin shekara kamar yadda ake sa na motoci. Na'urar da ba za a iya sauyawa yanzu ba, a raba ta da intanet, a bar ta ga buga takardu, a kuma ajiye kwafin muhimman bayanai a wani wuri dabam. Makarantu da ɗalibai suna iya ɗora Linux, wadda kyauta ce, ana kuma ci gaba da gyara ta, tana kuwa tafiya a kan tsofaffin na'urori.

Ya kamata shugabannin ofisoshi su tuna cewa Dokar Kare Bayanai ta Nijeriya ta 2023 ta ɗora alhakin tsare bayanan jama'a a wuyan wanda ya karɓe su. Ranar da takardun fansho suka kulle, ba mai gyaran kasuwa za a tuhuma ba.