Ranar Nasara Kaɗai Take 'Yar Italiya?

Yau ga labarin Paola Egonu, wadda aka haifa a Italiya a 1998, iyayenta kuwa 'yan Nijeriya ne. A 2024 ita da abokan wasanta suka ciyo wa Italiya lambar zinariya ta ƙwallon raga a wasannin Olamfik na Faris. Aka zana hotonta a jikin bango a birnin Rum don girmamawa. Ba a kwana biyu ba wani ya zo ya shafe baƙar fatarta da fenti ruwan hoda. Haba jama'a!

Fentin nan ya ɓata mini rai, amma dokar ƙasar ta fi. Bisa dokar 1992, yarinyar da aka haifa can, muddin iyayenta baƙi ne, sai ta cika shekara 18 kafin ta nemi zama 'yar ƙasa da kanta. Ni malama ce, na san zuciyar yara. Yarinya ta tashi da Italiyanci a baki, ba ta san wani gida ba, amma a takarda baƙuwa ce a ajinsu. Wannan doka a gyara ta. In mai zinariya ba ta tsira ba, ina ga 'yar mai aikatau a Milan?