Kayan Aro Ba Ya Rufe Katara

Ya 'yan uwa matasa, duk wanda ya zauna a majalisun Makarfi, Ikara ko Hunkuyi bayan sallar isha'i, zai ga kawunan samari a sunkuye kan waya, ana kallon 'yan wasa a TikTok da Facebook. Lallai lokaci ya yi da za mu tambayi kanmu, shin mutanen da muke kallo su ne na gaskiya, ko kuwa riga ce suka ara suka sa?

Ɗan wasa ya ɗauki wani suna ba sabon abu ba ne. Marigayi Usman Baba Pategi ya shafe shekaru yana Samanja a rediyo da talabijin na Kaduna. Marigayi Rabilu Musa, wanda ya rasu a 2014, sunan Ibro ya danne sunansa na yanka. To amma a wancan lokacin kowa ya san wasa ne, yana da farko yana da ƙarshe, in kaset ya ƙare Ibro ya koma Rabilu, mai kallo kuma ya koma harkarsa.

Abin da ya sauya shi ne yanzu wasan ba ya ƙarewa. Ɗan wasa zai fito a fim ɗin YouTube, ya kuma ci gaba da wannan hali a shafinsa, yana nuna wa jama'a cewa rayuwarsa ke nan. Dalili kuwa a fili yake. Yawan mabiya shi ke kawo talla, talla ke kawo kuɗi, don haka mota ta aro, gida na haya, faɗa da soyayya na shiri, duk sun zama jari.

Misali na nan kusa. A watan Oktoba na 2025, wata kotun majistare a Kano ta umurci Hisbah ta ɗaura auren Idris Mai Wushirya da Basira 'Yar Guda cikin kwana 60, saboda bidiyoyin da suke fitarwa. Daga baya Hisbah ta sanar da fasa auren, bayan shi saurayin ya amsa cewa ba son gaskiya ba ne. Dubban masu kallo sun ɗauka da gaske, ashe sana'a ake yi da hankalinsu.

Babban abin takaici shi ne ɓarnar a kanmu take sauka. Matashin da ke noman rake a Makarfi ko tumatir a Ikara, mai cin guminsa na halal, sai ya gwada kansa da hoton da aka shirya, ya raina sana'ar mahaifinsa, ya ga kansa a matsayin wanda aka bari a baya. Wani har ya karyar da amfanin gona ya sayi babbar waya, wai shi ma zai zama wani.

Ba mu ce wasan kwaikwayo ba sana'a ba ne, kuma kame da ɗauri kaɗai ba za su magance wannan ba, domin da mabiyanmu ake cin kasuwar. Kira muke ga 'yan wasa su ji tsoron Allah, su bambance wa jama'a wasa da gaskiya. Kai kuma ɗan'uwa, kafin ka bi wani ko ka tura bidiyonsa, ka tuna lokacinka da kuɗin datarka amana ce da za a tambaye ka.

Allah Ya sa mu gane gaskiya, Ya ba mu ikon bin ta.