Lambar da Ba a Rubuta a Katin Asibiti Ba

Akwai wani bawan Allah, manomin shinkafa, a wani ƙauye tsakanin Kafin Maiyaƙi da Tudun Wada, wanda ƙodojinsa biyu suka gaza, ƙaninsa ya ba shi guda, aka yi masa dashe, Allah Ya tashi kafaɗunsa. Amma tun ranar da ya baro gadon asibiti, da takwas na safe da takwas na dare, ko yana fadama ko yana kasuwa, ya zama wajibi a kansa ya haɗiyi waɗansu ƙwayoyi masu rage ƙarfin garkuwar jiki, don kada jikin nasa ya ɗauki ƙodar ɗan'uwansa baƙuwa ce ya far mata da yaƙi. Na ga lokacin da yake zazzago su daga wani tsohon gwangwanin madara da ya naɗe a leda, yana ƙidayar abin da ya saura kamar mai ƙidayar kwanakin azumi. Ya ce da ni, "Malam, dashen, gona ɗaya ya ci ya ƙoshi, amma maganin nan kullum da yunwa yake kwana."

Bara da damina zazzaɓi ya kayar da shi, aka ɗauke shi a babur zuwa wani ƙaramin asibiti, aka yankar masa kati, aka rubuta zazzaɓin cizon sauro, har ana shirin sallamarsa, sai da mai ɗakinsa ta kwance gefen zanenta ta ajiye gwangwanin nan a kan tebur, sa'an nan ma'aikacin ya gane cewa wanda ke gabansa ba irin sauran masu zazzaɓi ba ne. Ban ga laifin ma'aikacin ba, domin babu inda takarda ta gaya masa. Alhali kuwa mai shan irin wannan magani, zazzaɓin da wani zai kwana biyu ya warke, shi yana iya zame masa ajali. Irinsa ba a yi masa rigakafin shawara. Kuma idan tarin fuka ya kama shi aka ba shi rifampicin ba tare da lura ba, maganin zai karya ƙarfin tacrolimus ɗin da ke tsare masa ƙoda.

To, masana harkar lafiya sun daɗe da yi wa wannan mas'ala dabara. Hukumar Lafiya ta Duniya tana da wani kundi, ICD, wanda ya ba kowace cuta da kowane hali lambarsa, ta yadda wanda aka yi wa dashen ƙoda, ko a Kano yake ko a Alƙahira, lambarsa a bugu na goma na kundin Z94.0 ce. Mutanen Amurka, da yake a can ba a biyan asibiti ko sisi sai da lamba, sun yi wa kundin ƙari, har a watan Oktoba na 2022 suka ware wa masu daɗewa a kan magungunan rage garkuwa lambobinsu na kansu: Z79.621 ga mai shan tacrolimus da danginsa, Z79.624 ga mai shan irin su mycophenolate, bayan da can duk ana cusa su ne a ƙarƙashin lamba guda tare da masu shan magunguna iri-iri. Kuma daga Janairun 2023 hukumarsu ta Medicare ta ci gaba da biya wa masu dashe kuɗin waɗannan magunguna bayan cikar wata 36 da a da ake yanke musu, saboda lissafi ya nuna musu cewa barin ƙodar ta lalace a koma wankin ƙoda ya fi tsada nesa ba kusa ba.

Na san akwai masu cewa, ana ta kai wa yake ta kaya, asibitin da ba shi da wuta balle likita, ina ruwansa da lambobin Nasara? Hujjarsu ba ta rasa ƙarfi ba, ni ma kuwa ba na fatan mu kwaikwayi Amurka har likita ya fi daɗewa a kan takarda bisa ga majiyyaci. Sai dai rubuta haƙƙi ba baƙon abu ba ne a wurinmu: aya mafi tsawo a Alƙur'ani mai girma, cikin Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi ta sauka, kuma Sayyidina Umaru ɗan Haɗɗabi, Allah Ya ƙara masa yarda, sai da ya kafa diwani ya rubuta sunayen mutane kafin ya tsara rabon baitulmali. Wanda ba ya cikin diwani, ko da ya fi kowa cancanta, mai rabo ba zai san da shi ba.

Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano ya fara dashen ƙoda tun 2002; jihar Kano tana da hukumarta ta taimakekeniyar lafiya; dokar tarayya ta 2022 kuma ta wajabta inshorar lafiya a kan kowane ɗan ƙasa. Abin da nake roƙon mahukunta shi ne, duk wanda likita ya ɗora a kan maganin rage garkuwa na dogon lokaci, mai dashe ne ko mai ciwon gaɓɓai, a rubuta lambar halinsa a katinsa da rajistar asibiti, a ba shi ƙaramar takarda da Hausa ya riƙa yawo da ita a aljihu, sa'an nan a tara adadin daga Bebeji da Kiru da Tudun Wada da Doguwa a kai Kano, domin ranar da za a zauna kasafi a san mutum nawa ne da irin maganin da suke sha. A kuma riƙa tambayar 'yan matan nan masu shan "sha ka fashe" daga kantin magani don neman ƙiba, domin da yawa daga ƙwayoyin nan dexamethasone ne, su ma garkuwarsu a karye take ba su sani ba.

Manomin nan dai, da ya murmure, ya samu wani malamin makaranta ya rubuta masa sunayen magungunansa a bayan katin, ya kai aka yi masa rufin leda a Kwanar Ɗangora, yanzu tare da katin zaɓensa yake ajiye shi.