Malam na kotu, allo na shan ƙura

Duk lokacin da aka ce gwamnati ta kori malamai, sai soshiyal midiya ta rabu biyu. Wasu su ce a kore su kawai, ai ba su iya komai ba. Wasu su ce zalunci ne tsagwaronsa. Bayan kwana uku kowa ya koma wani zance. Shari'ar kuwa tana nan, ajin ma yana nan babu malami.

Mu tuna Kaduna. A 2017 gwamnatin Nasir El-Rufai ta yi wa malaman firamare kusan 33,000 jarrabawa, ta ce 21,780 sun kasa samun kashi 75 cikin ɗari. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, kuma a Disambar shekarar kotun ta ce a dakata da korar har ta yanke hukunci. Duk da haka takardun sallama suka fita, NUT ta shiga yajin aiki a Janairun 2018. A 2022 aka sake sallamar malamai 2,357, ciki har da shugaban NUT na ƙasa, Audu Amba, wanda bai zauna jarrabawar ba.

Mu ba ma goyon bayan a bar wanda bai iya karatu ba a gaban allo. Ƙannenmu ne a ajin. Amma gyara ba ya yiwuwa da take doka. Idan gwamnati za ta ga umarnin kotu ta kau da kai, gobe da wane baki za ta ce wa talaka ya bi doka?

Akwai kuma abin da ba ya shiga labarai: canjin wurin aiki. Hukuma na da ikon tura malami inda ake buƙatarsa, kuma gaskiya makarantun karkara sun fi kowa buƙata. Matsalar ita ce idan tiransifa ta zama bulala. Ka yi magana kan albashi, sai ka tsinci sunanka a ƙauyen da mota ba ta zuwa da damina. Mai uwa a gindin murhu kuwa shekara goma yana cikin gari. Wanda aka tura da fushi ba zai zauna ba, sai yawon ofis-ofis neman a dawo da shi, yara na can suna jira.

Kai mai NCE ko digiri da ke neman koyarwa, wannan maganar taka ce fa. Da farko, duba takardarka. Ɗaukar dindindin ce, kwantiragi ne, ko sa-kai? Ma'aikacin gwamnati na dindindin ba a korarsa sai an bi ƙa'ida, idan an tsallake kotu na iya mayar da shi bakin aiki. Ɗan sa-kai ko malamin PTA ba shi da wannan garkuwar. 'Yan N-Power da suka shiga a 2016 suna karɓar N30,000 a wata sun ga haka da aka sallame su a 2020. “Ka fara zuwa, za a duba ka” ba takarda ba ce.

Na biyu, yi rajista da TRCN, ka adana takardar ɗauka, ta tabbatarwa da ta kowane canjin wuri. Ka ɗauki hotonsu a waya. A kotu takarda ce ke magana, ba rantsuwa ba.

Ga hukumomin SUBEB kuma, buƙatarmu ba ta da yawa. A rubuta ƙa'idar canjin wuri kowa ya gani: shekara nawa ake yi a karkara, wane alawus ake bayarwa, ina mai ƙorafi zai kai kukansa kafin a kai ga lauya. Kada a cire malami daga aji sai an tanadi wanda zai maye gurbinsa.

Kotu na iya ɗage zama zuwa wata uku. Yaron da ke aji shida, jarrabawarsa ba za ta jira ba.