Ba Kowace Saiwa Ce Agugu Ba

Duk wanda ya zaga rumfunan masu magani a kasuwar Malanville, ko ya tsallaka gada zuwa Gaya, zai ga saiwoyi busassu jibge a kan tabarma. Daga cikinsu akwai agugu, saiwar da iyayenmu suka sani da korar tsutsar ciki, wadda tun da can ake kawowa daga Adamawa.

Agugu na cikin dangin tsirran da ba sa fure, ba sa 'ya'ya, sai dai su hayayyafa ta wani gari mai laushi da ke bayan ganyensu. A cikin wannan dangi akwai wani da masana ke kira Pteridium, wanda ke tsirowa a kowace nahiya ban da Antatika. Ba ya son busasshiyar ƙasa irin tamu ta bakin Kwara, ya fi son tsaunuka masu laima kamar na Mambila da Kamaru.

To, matsalar ita ce yana ɗauke da guba. A shekarar 1983 masana a Japan suka gano sinadarin da ke cikinsa mai haddasa ciwon daji, kuma shanun da suka daɗe suna cinsa kan yi fitsarin jini. In saiwa ta bushe kuwa, ba kowa ke iya rarrabe ta da 'yar uwarta ba.

Saboda haka muna kira ga 'yan uwanmu fatake: kada mu sayi buhun saiwar da ba mu san asalinta ba, balle mu sayar wa mai ciwo. Ribar da za ta kwantar da ɗan wani, ba riba ba ce. Allah ya sa mu gane.